Ciwon da Aka Ɗora wa Zane

Ni mai ƙunshi ce. Sana'ar ta shigar da ni gidajen Hausawan Madina fiye da yadda nake so, na ga abin da ake fitarwa falo da abin da ake turawa bayan labule. Yawanci in na gani sai in haɗiye, in naɗe kayana in tafi. Na Sundus ne ya tsaya mini a wuya, shi ya sa nake rubuta shi, kuma ba na neman afuwar kowa.

Ƙofata da ta iyayenta na kallon juna a bene na biyu na wani tsohon gini a unguwar Aƙiƙ. Uban, Malam Khalilu, Bahaushen Chadi ne, yana tsaron shagon dabino, mutum mai fara'a a waje, ba a taɓa rasa shi a sahun gaba ba. Uwar, Safiyyatu, ƙawata ce ta aron albasa da gishiri. 'Ya'ya mata biyu suka rage musu a gida: Sumaya, wadda ake shirin aurarwa, da ƙanwarta Sundus, 'yar shekara goma sha shida, siririya, mai shiru, in ka yi mata Hausa ta mayar maka da rabi a Larabci.

In ta taso makaranta wurina take zuwa, don a nan ba mai aikenta. Ta zauna a gefen kujera, ta kifa kai a waya har la'asar. Wata rana ina tankaɗe lalle na leƙa, sai na ga zanen wata tsohuwa tana murmushi, murmushin ya yi faɗin da fuska ba ta ɗauka.

"Ke, mene ne wannan kuma?"

"Manga ce, Khala. Labari ne na zane, daga Japan." Khala take kirana, wato inna da Larabci.

Ta matso ta nuna mini. Baƙi da fari ne, ba launi, kuma daga dama ake karantawa zuwa hagu kamar Larabci. Ta ce mai zanen ya fara labarin tun ba a haife ta ba, har yau bai gama ba. Duk wata yana sakin babi ɗaya, wasu matasa su fassara shi kyauta, dubban mutane su yi ta gardama a kai har wani watan ya zagayo. Labarin wani gidan haya ne a gari mai yawan ruwan sama, inda lokaci yake ɓace wa mazauna. Mutum yana wanke kwano da safe, sai ya tsinci kansa a gindin matakala da yamma, gwiwa a kurje. Mai gidan, tsohuwar nan mai ladabi, ta kawo masa shayi ta ce ba abin da ya faru. Ya tambayi maƙwabta, su ma su ce ba abin da ya faru.

Ni da nake cin abinci da zane, dole na yaba. Mutumin ya san layi. Ya san inda ake danna hannu da inda ake sassautawa, ya iya zana ƙofa a rufe har ka ji ba ka son a buɗe ta. Amma gashin jikina ya tashi, na ce mata, "To ina dodon?"

"Ma fi, Khala, babu dodo. Mutane ne kawai."

"Yarinya kamarki, duk labaran duniya ki rasa na so sai wannan? Ba ya hana ki barci?"

Ta yi dariya kaɗan. "Shi ne ma yake sa ni barci. Tsoron nan yana da shafi, Khala. In na gaji sai in rufe." Ta ja yatsa a kan wayar har ta zo wani wuri da babu komai, fari fat. "Dubi nan. In lokaci ya ɓace wa mutum, mai zanen ba ya zana komai. Shafi guda yake bari haka. Ranar da na fara gani na yi kuka, don ban san akwai wani a duniya da ya san yadda abin yake ba."

Na ajiye rariya. "Wane abin?"

Ta ce ya kusa shekara yana yi mata. Tana tsaye a kicin, sai ta ga kanta a ƙasa, harshe a cije, Ummi na goge mata baki tana cewa jiri ne, ki tashi, ba komai.

Ba a yi mako ba na gani da idona. Tana riƙe mini da kwanon lalle, idonta ya tsaya wuri ɗaya, ta saki wani sauti daga maƙogwaro, ta zube. Jikin ya sandare, sannan ya shiga karkarwa, kumfa na fita. Na kawar da tebur, na juya ta gefe kamar yadda na ga ana yi a garinmu Damagaram, na ƙwala wa uwarta kira. Safiyyatu ta shigo da gudu, kuma abin da ta fara yi shi ne mayar da ƙofata ta murza mukulli.

"Kar ki taɓa yawun," ta ce.

"Safiyyatu, farfaɗiya ce wannan. Mu kai ta asibiti yanzu."

Ta sa tafin hannunta ta toshe mini baki, a cikin ɗakina. "Don Allah, Ƙaltume. Kar in ƙara jin sunan nan."

Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Saif, wanda zai auri Sumaya, ɗan gidan Takari ne, irin waɗanda kakanninsu suka zo hajji a ƙafa suka zauna, yau 'yan ƙasa ne masu jinsiyya. An sha wahala kafin a samo izinin auren daga hukuma. In ya tabbata, Sumaya ta huta da fargabar sabunta iƙama, takardar zaman baƙo, kuma Malam Khalilu ya samu surukai masu baya a ƙasar da shi baƙo ne a cikinta ko da zai shekara ɗari. Ban raina wannan ba, ni ma baƙuwa ce, na san yadda zuciya ke bugawa in an ga motar jawazat, 'yan shige da fice. Sai dai a wurin mutanenmu farfaɗiya ciwon jini ce, ciwon dangi. In aka ji ƙanwar amarya tana faɗuwa, za a fara lissafin jikoki.

Da yamma Malam Khalilu ya dawo, na shiga na faɗa masa abin da na gani, ban rage ba. Ya saurare ni yana jan carbi. Sannan ya tambayi me yarinyar take yi a ɗakina kullum. Na ce karatu take yi a waya. Ya miƙa hannu, Sundus ta ba shi. Ya yi ta jan hotunan, fuskoki marasa baki, dogayen lunguna, tsohuwa da shayinta. Ina tsaye ina kallonsa, kuma na rantse abin da na gani a fuskarsa sauƙi ne.

"To ga shi nan," ya ce. "A'uzu billahi. A birnin Manzo, a cikin gidana, ake buɗe wa shaiɗanu ƙofa. Gidan da ke da hotuna ai mala'iku ba sa shiga."

"Malam, ciwon ya riga karatun."

"Hajiya, ke mai zanen fure ce. Bar wa masu sani."

Ya sa wayar a ƙasa ya taka da dunduniya har gilashin ya yi gari. Sundus ba ta yi kuka ba. Ta tsaya tana kallon tarkacen, uwarta ta ɗauko tsintsiya.

Aka kira Malam Abdussamad, dattijo ɗan Sudan da ake girmamawa a unguwa wajen ruƙya. Ya zo ya yi karatunsa a hankali, ya tofa a ruwan zamzam ya ba ta, ya yi mata tambayoyi. Da zai fita ya ce wa uban a bakin matakala, inda nake jin su, "Khalilu, Alƙur'ani waraka ne, ku ci gaba. Amma wannan na likita ne. Ka kai ta a duba kanta, akwai magani." Malam Khalilu ya yi godiya, ya cika masa leda da dabinon ajwa, bai ƙara kiransa ba.

Malami na biyu daga hanyar Badar aka ɗauko shi, matashi mai babbar murya da guntun tiyo a jaka. Ba zan faɗi sunansa ba don ban tabbata nasa ne na gaskiya ba. Shi ya samo abin da ake nema. Ta bango nake jin tiyon yana sauka a tafin ƙafar yarinya, yana cewa faɗi sunanka, daga ina kake. A zuwa na uku aljanin ya yi magana, ya ce shi ɗan Japan ne, ta waya ya shigo. Safiyyatu ta zo ta ba ni labari har da ɗan annuri, wai an gano bakin zaren.

Da na samu Sundus ita kaɗai na tambaye ta. Ta ce, "Malamin ya ce ba zai daina ba sai aljanin ya faɗi garinsu. Na duba me suke so su ji, na faɗa."

Aka cire ta daga makaranta, aka ce ta yi tafiya. Ciwon kuwa bai ji tiyo ba. Da a wata yake zuwa, ya koma a mako, ya koma yadda ya ga dama. Ta fashe leɓe a bakin wanki, ta ƙone hannu a butar shayi. Duk faɗuwa sai a ce ai ita ce ba ta bar tunanin hotunan ba, ita take kiransu da zuciyarta. Ciwo ya zama laifi, kuma laifin nata ne ita kaɗai, ba na jinin kowa ba.

Ranar da na shiga kicin ɗinsu neman tafarnuwa na ga wani kofin roba ja da faranti a saman firij, nesa da sauran kwanuka, an ɗaura wa cokalin zare. Sai raina ya ɓaci. A garinmu da garinsu duk ɗaya ne: wanda aljanu suka taɓa ba a ware masa kofi. Mai farfaɗiya ake ware wa, saboda tsohon camfin nan na cewa yawunsa na yaɗa ta.

"Safiyyatu, kofin wa ye wannan?"

Ta ci gaba da yanka kuɓewa.

"Kin san abin da ke damunta. Tun farko kin sani."

Ta ajiye wuƙar. "Ƙanwar babansu ta yi shi a Abeshe. Na gane tun faɗuwar farko." Hawaye ya zubo mata, ta goge da bayan hannu. "Ba cewa na yi ba za a kai ta ba. Bayan biki. Wallahi washegarin tarewa da kaina zan kai ta. Yanzu komai a na'ura yake, kuma 'yar ƙanwar Hajiya Huda a asibiti take aiki. In maganar ta fita, na kashe Sumaya don in raya Sundus ke nan? Duka biyun ni na haife su."

Hajiya Huda ita ce uwar ango. Na ce a kai ta asibitin kuɗi a can wani gefen gari, ko garin Yanbu ma, ni zan raka su. Ta ce babansu ya rantse. Da na tare babansu a matakala, ya ce yarinya tana samun sauƙi, yana ba ta ajwa bakwai kowace safiya, kuma maƙwabcin kirki shi ne mai sutura. Sumaya kuwa da na yi mata magana sai ta fashe da kuka ta ce, "Ni me zan yi, Khala? Ni ma ba a tambaye ni ba," ta koma gwada rigarta.

Da biki ya matso, dangin ango suka fara zirga-zirga, yau a kawo akwati, gobe a zo gaisuwa. Sai aka mayar da Sundus mulhaƙ, ɗakin nan na saman rufi inda Malam Khalilu ke ajiye kwalayen dabino. Aka shimfiɗa mata katifa tsakanin kwalaye, aka sa kwaɗo ta waje, wai kada abin ya taso mata ta faɗo daga bene. Akwai tsohuwar na'urar sanyi da ke ƙugi ba ta sanyaya komai, ga shi bazara ta shigo, irin zafin Madina da ƙarfen ƙofa ke ƙona hannu.

A rufin nake shanya, don haka na ƙara yawan wanki. Ɗakin na da ƙaramar taga mai ƙarafa, nan nake tsayawa. Ta rame, idanun sun faɗa, maganarta ta yi nauyi, wani lokaci ta fara zance ta manta ƙarshensa. Ban taɓa jin ta zagi iyayenta ba. Abu ɗaya ta roƙe ni.

"Khala, wata ya kama? Sabon babi ya fito. Ki duba mini ko an buɗe ɗakin ƙarshe na gidan hayar, wanda kullum yake kulle."

Haka na zama, da furfurata, mai karanta manga. Ta faɗa mini abin da zan rubuta, na lalubo shi, na miƙa mata wayar ta tsakanin ƙarafa. Ta riƙe ta ɗan jima, ta mayar mini. Ta ce rubutun rawa yake mata a ido, in karanta mata. Larabcina na kasuwa ne da na salla, ina yi ina tuntuɓe, tana gyara mini. In na zo wurin da ba rubutu sai in kwatanta mata: ga saurayin nan mai tabarau a tsaye a lungu, ga ruwa na ɗiga daga rufi, ga tsohuwa ta leƙo.

"Yaya idonta?"

"A rufe, tana murmushi."

"To ƙarya take yi. In gaskiya za ta faɗa ido ɗaya take buɗewa."

A babin, saurayin ya fara yi wa kansa alama a hannu kafin lokaci ya ɓace masa, don ya samu shaidar da zai nuna. Da ya nuna wa maƙwabta, suka ce ai da ita aka haife shi. Ni abin haushi ya ba ni, na ce wannan wane irin mugun labari ne, ba a taɓa barin mutum ya yi nasara. Sundus ta jingina goshinta da ƙarfen taga ta ce, "Amma mu masu karatu mun gani, Khala. Shi bai san muna nan ba, amma mun ga komai, mun san ba ƙarya yake ba. Shi ya sa ba na so ya ƙare." Ba a buɗe ɗakin ƙarshen ba a wannan watan. Ta ce ba komai, mai zanen ya saba ja wa mutane rai, wataƙila wata mai zuwa.

Wata safiya na hau da kwandon wanki na ji ƙafarta na dukan kwalaye. Na leƙa, tana ƙasa, abin ya daɗe fiye da kullum. Ban nemi shawarar kowa ba, na kira is'af, motar ɗaukar marasa lafiya. Kafin motar ta iso, abin ya sake ta, Safiyyatu ta sauko da ita, ta wanke mata fuska, ta sa mata abaya, ta kira mijinta. Ma'aikatan suka tarar da yarinya a zaune a falo da kofin lemo a gabanta. Malam Khalilu ya yi musu bayani da Larabcinsa mai daɗi: azumin nafila ta yi, jiri ya ɗebe ta, maƙwabciyarmu ce mai saurin firgita. Na ce ƙarya ne, na faɗi abin da na gani. Ɗayansu ya durƙusa ya tambaye ta da kanta ko tana so a tafi da ita. Ta dubi ubanta, ta dubi Sumaya da ke maƙale a bakin ƙofa.

"Ana bikhair," ta ce. Lafiyata ƙalau.

Daga ranar aka sa wa ƙofar rufin kanta mukulli, aka ce in riƙa shanya a baranda. Malam Khalilu ya daina amsa sallamata. Amma ƙunshin biki ba a fasa ba ni ba, don duk Aƙiƙ an san hannuna, in aka ɗauko wata za a tambayi dalili. Na karɓa don ita ce kaɗai hanyar da ta rage mini ta shiga gidan.

Ranar gumra, wato ranar ƙunshin amarya, tun bayan azahar gida ya cika. Mata a falo, mata a ɗakuna, turaren wuta, kiɗa daga lasifika, 'yan mata na guɗa. An ce wa baƙi Sundus tana Makka wurin gwaggonta, tana jarrabawa. Ina durƙushe a gaban ƙafar Sumaya ina jan reshe, kunnena yana sama. Wajen la'asar na ji kamar an ja wani abu mai nauyi a kan rufi. Na ɗaga kai, Safiyyatu ma ta ɗaga kai, muka haɗa ido. Ta tashi ta ƙara sautin kiɗa.

Na bi ta kicin. "Ba ni mukulli."

"Yana wurin babansu, ya tafi da shi shago."

"Kira shi."

"Ƙaltume, Hajiya Huda na zaune a falo. Ciwon yana sakinta da kansa, kullum yana sakinta. Ki bari a watse."

Na hau matakala da lalle a hannuna, na yi ta dukan ƙofar rufi ina kiran sunanta. Ba amsa. Na sauka ƙasa neman mai gadin gini, ya tafi masallaci. Na kira Malam Khalilu da wayata, bai ɗauka ba. Da mai gadin ya dawo muka ɓalle ƙofar farko da ƙarfen taya, muka ɓalle kwaɗon ta biyu. Na'urar sanyin ta mutu, ɗakin kamar tanda, warin dabino ya cika shi. Tana kife a kan katifa, fuskarta a cikin matashi, kwali ɗaya ya faɗo a bayanta. Na juya ta, na kira ta, na girgiza ta. Jikinta da ɗumi, amma ɗumin ɗakin ne.

Washegari aka yi mata salla a Masallacin Annabi, aka kai ta maƙabartar Baƙi'a. Abin da aka faɗa wa hukuma ban sani ba, ba a kira ni ba. Abin da aka faɗa wa jama'a shi na ji, don a gabana aka yi ta faɗa a zaman makoki. Duk wadda ta shigo sai ta ce, kai, yarinyar nan ta yi sa'a, mutuwa a Madina, makwanci a Baƙi'a, wasu sun shekara saba'in suna roƙon wannan ba su samu ba. Gaskiya ne, ina roƙa wa kaina irinsa. Amma ban taɓa jin an ce a rufe yaro a ɗaki don ya samu Baƙi'a da wuri ba.

A ɓangaren maza, an ce Malam Khalilu har nasiha ya yi. Ya ja kunnen iyaye kan waya da zanen kafirai, ya ce shi ya gani a gidansa, dattawa suna gyaɗa kai. A ɓangarenmu wata ta ce daga nan gida za ta wuce ta ƙwace wayar 'yarta. Wata ta ce ai aljanun can sun fi namu taurin kai. Safiyyatu na zaune a tsakiya, ta sunkuyar da kai, hawaye na zuba ba sauti. Hajiya Huda na gefenta tana riƙe da hannunta.

Ban shirya magana ba. Ji na yi ana sake kulle yarinyar a gabana, sai bakina ya buɗe.

"Ba zane ne ya kashe ta ba," na ce. "Ba aljani ba ne. Farfaɗiya ce da ita, shekara guda da wani abu, kuma ba a taɓa kai ta wurin likita ba."

Wata ta ce subhanallah a hankali. Sumaya ta rufe fuska da mayafi. Na ga Safiyyatu ta runtse ido tana jiran abin da ta shekara tana gudu.

Hajiya Huda ta ajiye finjalin gahawa. Mace ce mai jiki, mai magana a hankali, Hausarta ta tsofaffin Takari.

"Farfaɗiya?" ta ce. Ta juya ga Safiyyatu, ba faɗa a muryarta, mamaki ne kawai. "Ya ukhti, ai Fahad ɗina, wan Saif, da ita ya tashi tun yana firamare. Ƙwaya yake sha, ɗaya da safe ɗaya da yamma. Rabonsa da faɗuwa har na manta. Ga shi can yana aikinsa, da 'ya'yansa biyu. Me ya sa ba ku faɗa mini ba? Ai da ni zan kai ku wurin likitansa."

Safiyyatu ta buɗe ido ta dube ta, kamar ba ta ji Hausar ba. Leɓenta ya motsa. "Ɗaya da safe," ta ce, "ɗaya da yamma." Ta sake faɗa. Sannan wani kuka ya fito daga cikinta wanda ban taɓa jin irinsa ba, ba na makoki ba ne, har maza suka yi shiru a ɗaya ɓangaren, aka turo a tambayi ko lafiya.

Ni dai na ɗauki takalmina na tsallaka zuwa ƙofata. An ɗaga bikin zuwa bayan arba'in, aka yi shi, ba a fasa ba.